Na Yafe Shi

Ranar Asabar da la'asar, a falonsu na Fort Washington a Amurka, Mubina da mahaifiyarta Hajiya Saudatu sun zuba wa talabijin ido. Kashin farko ake nunawa na wani sabon wasan Indiya da aka ciro daga tsohon littafin Gujarati. Saurayin ciki ya ce ya fasa auren, budurwar kuwa tana can tana ado ba ta sani ba. Hajiya sai tsaki take, Mubina kuwa hawaye shaɓe-shaɓe, don an fama mata ciwo. Haka Rilwanu ya yi mata, ana gab da sa rana ya ce sai ya gama karatu. Ita kuwa har yau shi take so kamar ranta.

Mahaifinta Dokta Auwalu ya shigo da waya a hannu.

"Alhaji Maitama ne, kawun Rilwanu. Yaron ya yi nadama, yana neman gafara. Me kika ce?"

Mubina haihuwar Amurka ce. Hausa tana ji, amma da Turanci take mayarwa. Yau don murna ta ce bari ta burge Dadi.

"Na yafe shi, Dadi!"

"Kin yafe shi?"

"Har abada!"

Dokta ya kara wayar a kunne. "Alhaji, sai haƙuri. Ta ce ta yafe shi. Gobe za a dawo muku da kayanku." Ya kashe.

Mubina ta miƙe zumbur. "Kaya? Momi, wane kaya?"

Hajiya ta dafe ƙirji. "Ke! 'Na yafe masa' ake cewa! 'Na yafe shi' ai kin sallama shi ke nan, ba kya so!"

Mubina ta zube gaban mahaifinta. "Dadi, mistek ne! Wallahi kuskure ne!"

"Ni ba na magana biyu da manya," in ji shi, ya shige ɗaki.

An mayar da kaya. Mubina ta daina cin abinci, ta rame, ido ya zurma. Rilwanu ya yi ta kira, tana kallon wayar tana kuka, amma ba ta ɗauka ba, don Dadi bai ba da izini ba.

Ranar da haƙurin Hajiya ya ƙare ta tare mijinta a kicin. "Dokta, wa ya ce a riƙa yi mata Turanci kada ta rikice a makaranta? Harshen da muka hana ta, shi za mu hukunta ta a kai?"

Ya leƙa falo, ya ga 'yarsa a kan sallaya, wayar na haske a gefenta ba ta ko taɓa ba. Ya ciro tasa.

"Alhaji Maitama, ni ne. Yau dai zan yi magana biyu."

Haƙuri da biyayya suka dawo wa Mubina da Rilwanu. Iyaye kuwa, ku koya wa 'ya'yanku harshenku, kada wata rana su faɗi abin da zuciyarsu ba ta nufa ba.