Laifinta Karanta Labarai

A bakin famfon unguwa aka fara tofa mata yawu. Mai karanta labarai ce a gidan rediyo, ba kowa ya san fuskarta ba, amma tana cewa "sannunku" matan suka gane muryar.

"Au, ke ce maƙaryaciyar? Kin firgita gari, kin hana mazanmu fita nema!"

Abin da ta yi bai wuce karanta rahoton da ke cewa jami'an leƙen asiri sun gargaɗi gwamnati za a kai hari babbar tashar mota ba. Kakakin gwamnati, wanda yayan mijinta ne ciki ɗaya, ya fito ya ƙaryata, ya ce 'yan jarida ke neman suna. Shugaban gidan rediyon da ya ga abin ya yi zafi sai ya rantse bai taɓa ganin rahoton ba... shi da ya miƙa mata da hannunsa! Aka kore ta. Jami'an tsaro suka tsare ta a wani ɗaki mai kujera ɗaya ana tambayarta wa ya tsegunta wa gidan rediyon labarin, ta ce ita karantawa ce aikinta. Da aka sake ta, sai ta tarar da akwatinta a ƙofar gida.

"Yaya ya ce ko ke ko shi," in ji mijin, idonsa a ƙasa.

"Kai ma ka yarda ƙarya na yi?"

Ya juya ya shige gida. Ta ɗauki akwatin, hawaye na zuba, tana cewa, "Ya Allah, Kai ne shaidata!"

Ba a rufa wata ba aka kai harin, da rana tsaka, tasha cike maƙil, don an ce wa mutane babu komai. Mijinta na cikin waɗanda suka rasu. Ya je karɓo saƙon yayan nasa.

A gaban kwamitin bincike jami'an suka tabbatar gargaɗin ya isa teburin kakakin, shi ya danne. Aka tuɓe shi, aka kai shi kotu. Shugaban rediyon ma aka sallame shi, aka mayar da ita bakin aikinta.

Surukarta ta same ta a ƙofar gidan rediyon, ta durƙusa ta kama hannunta tana kuka.

"'Yata, ki yafe mana... da mun saurare ki, da ɗana na raye!"

Ta ɗago tsohuwar, ta share mata fuska.

"Na yafe, Mama. Ai ranar da nake karanta gargaɗin nan, ku nake karanta wa."