Akwatin Da Baba Obare Ya Kwanta

"Ke kika sa shi a ciki, Nduku! Ke!"

Okoth bai taɓa ɗaga mata murya ba sai yau. Suna tsaye cikin ayabar bayan gidansu a Siaya, kwana biyu da binne mahaifinsa. Daga tsakar gida ana jin mata suna raba wa 'yan zaman makoki tuwon masara na ugali da kifi.

Shekara tara Nduku ta yi tana zaɓar wa masu shirya fim 'yan wasa a Nairobi. Ba a taɓa ganin fuskarta a allo ba, amma fuskoki nawa suka bi ta hannunta! Kwanakin baya aka nemi dattijon da zai fito a gawa. Duk tsohon da ta kira sai ya ce Allah ya kiyaye, mai rai ba ya kwanciya a akwatin gawa, kiran mutuwa ne. Baba Obare, mahaifin Okoth ɗin da za ta aura, shi ya zo har ofis da ƙafarsa.

Ya kwanta a akwatin, aka ɗauki fim ɗin. Bayan sati uku ya rasu.

"Mama ta ce ko ruwan gidan nan kada ki sha," in ji Okoth. "Baffannina sun ce shanun sadakin da za a kai gidanku su koma garke."

"Masoyina, ka saurare ni..."

"Ina jin ki! Ba ni abin da zan shiga in faɗa musu. Kalma ɗaya, in tsaya miki!"

Kalmar tana bakinta, amma tsohon ya sa ta rantse. Ranar da ya zo, takardar asibiti ya ajiye mata a tebur yana dariya.

"'Yata, likita ya riga ki ba ni wannan aikin, ke hoton kawai za ki ba ni. Shekara arba'in ina koya wa yara wasan kwaikwayo, ko kyamara ɗaya ba ta taɓa kallona ba. Jikokina su gan ni, ko da idona a rufe ne. Amma kada Okoth ya ji. Zai watsar da aikinsa na Mombasa ya zo ya tasa ni gaba kamar mai gadin tukunya."

Alkawarin mamaci, ko zuciyar mai rai? Kwana tara tana aunawa, ma'aunin ya ƙi tsayawa. Yau ta dubi jajayen idanun Okoth, ta saki alkawarin.

"Ba akwatin ba ne. Ciwon hanta ne... Ya sani tun kafin ya zo wurina."

Okoth ya ɗago ya kafe ta da ido.

"Ke ma kin sani?"

"...Na sani."

"Ranar da kika raka ni tashar jirgin ƙasa zan tafi Mombasa?"

"Roƙona ya yi, Okoth..."

"Na ce ko in leƙa gida tukuna, kika ce, 'Tafi abinka, rabin raina, Baba garau yake.' Har da gyara mini wuyan riga!" Muryarsa ta karye. "Sati uku, Nduku! Da ko ƙafarsa na matsa masa... Da akwatin ne, da na yi faɗa da dangina kaf, don na san camfi ne. Amma wannan, da wa zan yi faɗa?"

Nduku ta zare zoben baikonsu, yatsan yana ƙin saki. Ta ciro ɗan faifan bidiyon da ta taho da shi tun daga Nairobi, ta haɗa su ta sa a tafin hannunsa.

"Zan faɗa wa Mama ba ke kika kashe shi ba," ya ce, idonsa a ƙasa. "Faifan nan fa?"

"Baba ne. Bayan an gama ɗauka ya buɗe ido ɗaya, ya ce, 'Na iya, ko?'" Hawaye suka kece mata. "Ya ce a nuna wa jikokinsa. Idan ka same su... ka nuna musu."