Gyaɗar da Salim Ya Binne

Ranar da Salim ya fara ganin Zuliha, tana zaune a kan gadar kanal ɗin ban-ruwa, hanyar da motocin tumatir ke bi su fita Bunkure, da farantin gyaɗa a gabanta. Kowa ya san gyaɗar gidan Malam Jaji. Matarsa Inna Baraka ke soyawa da yashi a kasko, 'yarsu Zuliha ke fitowa da ita. Yarinya ce doguwa mai wushirya, bakinta kuwa, hmm, samari sun sha ɗanɗana kaifinsa.

Shi Salim hutu ya zo daga can kudu wajen duwatsu, inda ake haƙar ma'adinai. Ba haƙa yake yi ba. Idan an niƙa dutse an wanke an cire abin da ake so, ragowar ƙasar da ke taruwa tsibi-tsibi ita ce aikinsa: ya tare ta kada ruwan sama ya ja ta rafi, ya rufe ta da laka, ya dasa ciyawa a kai. Shi ya sa 'yan gari ke ce masa injiniyan shara.

Ya tsayar da babur, ya dubi yarinya, ya manta abin da ya tsayar da shi. Da ya dawo hayyacinsa ya ɗebi gyaɗa a tafin hannu, ya murza. Sai ga wani gari mai ruwan toka yana ƙyalli a yatsunsa. Murmushinsa ya ɗauke.

"'Yanmata, da wane yashi aka soya wannan?"

"Ikon Allah," in ji Zuliha. "Kowa sunana yake tambaya, kai yashi ka zo nema?"

"Har sunan ina so. Amma fara ba ni labarin yashin."

Ta ba shi a taƙaice. Badamasi mai tifa, wanda ya shekara yana sintiri a ƙofar gidansu ita kuma tana ja masa aji, shi ya juye musu rabin mota a tsakar gida mako biyu da suka wuce. Yashi ne mai laushi kamar garin tuwo, ba ya buƙatar tankaɗe. Aka cike kwarin da ruwa ke kwanciya, sauran Inna ta mayar na suya. Tun ranar ba ta kiran Badamasi sai da "ɗan albarka".

Salim ya saye farantin gaba ɗaya, ya karɓi lambarta, ko ƙwaya ɗaya bai kai baki ba. Ita dai ta koma gida tana taku ɗaiɗai.

Bayan la'asar saƙo ya shigo:

"Salam Zuliha. Salim ne, mai tambayar yashi. Don Allah gobe ki ɗebo min kaɗan a leda in aika Kano a gwada. Ina zargin ragowar wankin ma'adinai ne, irinsa yakan zo da gubar dalma. Ki roƙi Inna ta daina suya da shi, kuma kada yara su taɓa. Sannan wushiryar nan taki ta biyo ni har gida."

Ta karanta sau huɗu, musamman layin ƙarshe. Ta amsa:

"Sabon salon zance ke nan? To injiniya, zan faɗa mata. Wushiryar kuma ka dawo min da ita gobe."

Ta faɗa wa Inna kuwa. Inna ta ajiye mara ta riƙe haɓa.

"Guba? A yashi? Shekara talatin ina suya, yau Salim ɗan gidan Uba zai koya min yashi? Kishi ne, yarinya. Ya ji an ce Badamasi ne ya kawo."

Aka ci gaba da suya. Kwana uku a jere Salim na zuwa gada tun kafin 'yan tsinkar tumatir su tashi cin abinci, ya saye faranti kaf, sannan ya zauna a bakin kanal su yi ta hira har rana ta take. Ya fara ce mata Zulina. Ita kuma ta daina ce masa injiniya, sai dai "kai ɗin nan", tana rufe fuska da gefen mayafi.

To akwai Saude, maƙwabciyarsu, wadda in ba ta ga abu ba to bai faru ba. Rana ta huɗu ta fita neman akuyarta a kan tudun bayan gari, sai ta hangi Salim a durƙushe. Ya haƙa rami, ya shafe shi da laka, yana jera ƙullin gyaɗa a ciki yana mayar da ƙasa. Saude ta manta da akuya. Kafin azahar labari ya zaga gari har ya yi 'ya'ya: an ce da layu ya binne, an ce har da gashin kan Zuliha, wata ma ta rantse ta ji yana kiran sunanta sau bakwai.

Malam Jaji ya dawo daga gonar shinkafa ko ƙafa bai wanke ba.

"Zuliha! Yaron nan in na ƙara ganinsa kusa da ke, ni da ke ne. Mutumin kirki ba ya binne abincin mutane. Asiri yake miki, shi ya sa kwana uku kike dariya ke kaɗai."

Maganar asiri ba ta dami Zuliha ba. Abin da ya sosa mata rai daban ne. Ta shiga ɗaki ta rubuta:

"Ashe binnewa kake yi? Ni ina ta murna ana son gyaɗata. Da ka ce ƙyama kake yi da na huta."

Amsa ba ta jima ba:

"Zulina, wallahi ba ƙyama ba ce. Ban iya bari mutane su ci ba. In na ba kaji, ƙwansu za a ci. In na zuba a kanal, ruwan gonar kowa ne. Rami a kan tudu, nesa da ruwa, shi kaɗai ya rage min. Na yi laifi da ban gaya miki ba, kunyar idonki na ji. Ki yi fushi da ni yadda kike so, amma ki duba min inda yaran gidanku ke wasa."

Ta ɗaga labule. Ga Rahma, autarsu 'yar shekara uku, ta miƙe ƙafa a tsakiyar yashin tana tuƙa tuwon ƙasa a gwangwani, tana lasar yatsa tana cewa a zo a ci.

Zuliha ta fito da gudu ta sure yarinyar, ta wanke mata hannu da baki da sabulu har tana ihu. Washegari da Inna ta miƙo faranti, ta ƙi karɓa.

"Inna, ki dake ni in kin ga dama. Ba zan ba ɗan kowa wannan gyaɗar ba."

"Kun gani ko?" in ji Saude ta kan katanga. "Abin ya kama ta."

Kwana biyu ba mai yi mata magana a gidan. Ta goya Rahma ta hana ta sauka, ta je asibitin gari wurin ma'aikaciyar jinya Sista Emmanuella, 'yar Baba Luke da gonarsa ke jikin ta Malam Jaji shekara ashirin. Sista ta saurara, ba ta yi dariya ba. Da sakamakon gwajin yashin ya iso wayar Salim, Sista ya tura wa, don shi an hana shi ko giftawa ta layin.

Sista ta zo da kanta, ta durƙusa ta gaishe da Malam Jaji a zaure.

"Baba, ka san ba zan zo maka da wasa ba. An gwada yashin nan, dalma ce a ciki, mai yawa. Babba yakan daɗe bai ji komai ba. Yaro ƙarami kuwa ƙwaƙwalwa take taɓawa, kuma ba ta yin sallama."

Malam Jaji ya aika a kira Badamasi.

"A ina ka ɗebo?"

Badamasi ya sosa ƙeya. Wai ya kai siminti kudu, zai dawo da mota ba kaya, sai ya ga tsibi a wata tsohuwar mahaƙa da aka watsar, ba shinge ba mai gadi.

"Na ga yashi mai kyau a banza, Baba. Wallahi alheri na yi nufi." Sai idonsa ya raina fata. "Innalillahi. Sauran rabin a gidan tsohuwata na juye, jikokinta na can a kai!"

"To wa ya san yadda ake kwashe wannan masifa?" in ji Malam Jaji.

Daga bayan ƙyaure wata murya ta ce, "Baba, akwai wanda ka kora."

Salim ya iso da takunkumi da safar hannu a buhu. Ya gaida Malam Jaji kansa a ƙasa, ko ɓangaren ƙyaure bai kalla ba, ko da yake ƙyauren na kallonsa. Inna ta ɗauko tsintsiya, ya tare ta.

"A'a Inna, shara tayar da ƙura take yi. Ruwa za a fara yayyafawa."

Aka kai yara gidan Baba Luke. Aka jiƙa yashin, maza suka kwashe shi da shebur har da ƙasar da ke ƙarƙashinsa kamu guda. Aka goge ɗakuna da tsumma mai ruwa. Da aka zo kan kasko da rariya, Inna ta rungume kaskonta.

"Wannan tun na aurena ne!"

"Ki yi haƙuri Inna, ya sha dalma. Tare za su tafi."

Ta sake shi tana ƙunƙuni. Aka yi haka a gidan tsohuwar Badamasi, aka tono har ramin kan tudu, aka lulluɓe tifa da tamfol. Salim ya shiga gaba kusa da Badamasi, suka kai kayan ramin da ake rufewa da laka a wurin aikinsa, suka sanar da hukuma maganar tsohon tsibin don a killace shi. Kishiyoyi biyu a mota ɗaya, tafiyar awa uku! An ce har rake suka sha tare a hanya. Da suka dawo, jar ƙasa mai tsabta suka kawo aka daɓe tsakar gida.

Saura jini. Sista ta kai mutanen gidajen biyu Kano aka ɗiba. Kwana biyar Zuliha ba ta san ɗanɗanon abinci ba, ko tuntuɓe Rahma ta yi sai ta ce shi ke nan. Ran na shida Sista ta shigo tana murmushi tun daga zaure.

"An tari abin da wuri. Na Rahma ya ɗan hau, amma bai kai na kwanciya ba. A ba ta ƙwai da zogale da wake, a dawo gwaji bayan wata biyu. Sauran duk da sauƙi."

Inna Baraka ta zauna daɓas a ƙasa tana hamdala, hawaye na zuba. Zuliha ta shige ɗaki ta rubuta wa Salim:

"Kai ɗin nan, Rahma ta tsira. Na yafe maka."

"Alhamdu lillahi. To Zulina, a tambayar min Baba, har yanzu korarre ne ni?"

Ba ta kai ga tambaya ba. Malam Jaji da kansa ya aika wa Dattijo, kawun Salim, cewa in suna da magana ƙofa a buɗe take. Da suka zo, Dattijo ya fara jero asalin yaro, Malam Jaji ya ɗaga hannu.

"Bar shi haka. Na zage shi a gari, na kore shi, bai fasa tsare min 'ya'ya ba. Me kuma zan bincika? Ni ne ma zan nemi afuwarsa."

Saude kuwa ta bi gida-gida tana cewa ita tun farko ta san yaron kirki ne.

Bayan an yanke shinkafa aka sa rana. Ana saura kwana biyu ɗaurin aure, gida cike da mata ana ƙunshi, sai ga Sista da takardar gwaji na biyu: dalmar da ke jinin Rahma ta sauka. Inna ta rangaɗa guɗar da ba ta yi ko ranar kawo lefe ba, har amarya ta fito da lalle a ƙafa tana tambayar me ya faru.

Ranar Asabar aka ɗaura, Baba Luke na zaune a inuwa tare da dattawa, Badamasi kuma shi ya kai gado da kujeru a tifarsa, bayan ya wanke ta sau uku a gaban ango. Da aka zo tafiya da amarya, Malam Jaji ya dafa kanta.

"Kin ƙi jin maganata sau ɗaya a rayuwarki, kuma Allah Ya sa ke ce da gaskiya. Je ki, na yafe miki duniya da lahira. Allah Ya ba ku zaman lafiya da zuri'a masu lafiya."

Gida ya amsa da amin, Rahma ta fi kowa ɗaga murya.