Matar da Garma Ta Tono

A ƙarshen kaka, a yammacin Jutland, can arewacin ƙasar Turawa, rana ba ta jiran kowa. Kafin a gama tatsar shanu duhu ya soma sauka. A irin wannan almuru ne Gudrun take yanka burodi a kicin, mijinta Ejnar yana cire takalman gona a bakin ƙofa, sai suka ji wani abu ya faɗo a kan rufi, ya gangaro a hankali, ya dira a tsakar gida. Suka kasa kunne. Na biyu ya biyo baya, sannan na uku.

Ejnar ya fita da fitila. Babu kowa, kuma gida mafi kusa da nasu tafiyar rabin awa ne. Abin da ya tsinta a ƙasa duwatsun ƙyastu ne, an fere bakinsu da kaifi kamar aska, irin waɗanda mutanen farko suke yanka da su. Ya zuba su a aljihu, ya ce wa matarsa iska ce. Gudrun kuwa ta san iska ba ta jifa.

A tsakiyar gonar Ejnar akwai wani tudu, kabarin mutanen da suka zauna a ƙasar nan shekara dubu biyar da suka wuce. Doka ta hana a kai garma kusa da shi, kakanni kuma sun hana tun kafin doka, sun ce mutanen ɓoye ne a ciki. Ejnar ba mugu ba ne, amma ganin taku ɗaya na ƙasa zaune babu shuka yana hana shi barci. Kowace shekara sai ya matsa da garma kaɗan, yana cewa wa zai auna? Rana dubu ta ɓarawo, rana ɗaya ta mai kaya. A wannan kakar garma ta yanki gefen tudun.

Sai da ya kwana uku kafin ya sanar da gidan tarihi, ya ce ruwan sama ne ya zaftare wurin. Masu tono suka zo da 'yan cokula da buroshi, suka yi sati biyu a durƙushe. Suka sami mace kwance a kan gefenta, hannuwanta a lanƙwashe a ƙirji. Suka rubuta wa kowane ƙashi lamba, suka jera a kwali, suka sha kofin Gudrun, suka tafi. Ran da suka tafi aka fara jifan.

A yini na huɗu abin ya bar rufi ya shigo ɗaki. Tove, 'yar Ejnar da Gudrun, budurwa mai shekara goma sha tara da surutu kamar rediyo, ta dawo daga aiki ta zauna ba ta ce uffan ba. Da rana ta faɗi sai ta miƙe, ta fita tsakar gida, ta durƙusa tana tonon ƙasa da farce. Ta tona nan, ta tona can, har yatsunta suka yi jini. Idan aka riƙe ta, sai ta rungume iska a ƙirjinta tana jijjigawa, tana wani gunaguni da ba yaren kowa ba. Abinci kuwa ta daina ci, sai ɗan ruwan da uwarta take ɗura mata.

Likita ya zo, ya duba, ya ce bai ga ciwo ba, amma in ta ƙara sati a haka kada a neme shi, a nemi mai yin akwatin gawa. Gudrun ta yi kuka har ta gode Allah. Ejnar kuwa ya tare a garken shanu, ba ya iya haɗa ido da kowa.

Gudrun ce ta hau keke ta ɗauko Fasto Thorkild. Tsoho ne da ya ajiye aiki, ya shekara arba'in yana auna tuddai da igiya, har ana tsokanarsa cewa ya fi sanin matattun dā a kan masu zuwa cocinsa. Ya iso da la'asar sakaliya, ya ja kujera gaban Tove, ya buɗe littafinsa ya fara karatu a hankali. Hasken taga yana raguwa, agogon bango kaɗai ake ji tare da muryarsa.

Tove ta ɗago kai. Muryar da ta fito daga bakinta busasshiya ce, ta babbar mace.

"Rufe abin nan, tsoho. Na girme shi."

Fasto ya rufe, amma bai cire yatsansa daga ciki ba. "Ke ce ta tudu?"

"Ni ce. Bakin yarinyar nan na ara."

"To ba a cinye abin aro. Me kike so? In komawa tudu ne, ba zan yi miki alkawarin ƙarya ba, ƙasusuwanki suna hannun hukuma."

"Kwali da ƙasa duk ɗaya ne a wurina. Ina 'yata?"

"Ba a sami yaro tare da ke ba. Na karanta takardar masu tono."

Hannun Tove ya ɗaga a hankali, yatsan da ya yi jini ya nuna bakin ƙofa, inda Ejnar yake tsaye da hularsa a hannu.

Sannan Ejnar ya fara magana, kansa a sunkuye. Ya ce ƙananan ƙasusuwa garma ta fara fitarwa, bakin ƙarfe ya fasa ƙoƙon kan. Ya san masu tono suna ganin sabon sara za su gane ba ruwa ba ne, a ci shi tara, a kewaye masa rabin gona da waya. Shi ya sa ya kwashe su a buhun taki, ya cusa a rufin ɗakin aladu.

"Ejnar," in ji Gudrun, "jaririya ka sa a buhun taki?"

"Shekara dubu biyar fa, Gudrun. Ƙashi ne kawai."

"Taka ma ta kusa zama ƙashi kawai," in ji muryar. "Sai mu yi kunnen doki."

Ejnar ya zube a kan gwiwoyinsa. Fasto bai ko dube shi ba.

"Za a kai miki ita," ya ce. "Amma ki bar wannan ta sha madara yanzu, mu san da mai cika magana muke ciniki."

"Kofi ɗaya. Kafin rana ta faɗi gobe a sa mini ita a hannu. Ba a kusa da ni ba, a hannu."

Da safe Gudrun ta ɗauko tsohon zanen goyon Tove ta naɗe ƙasusuwan, Ejnar ya shiga jirgin ƙasa da su a cinyarsa. A gidan tarihi ya faɗi gaskiya duka, ba ragi. Matar da ke kula da ma'ajiya ta wanke shi tas, sannan ta ce ƙa'ida ita ce kowane abu da lambarsa da kwalinsa. Ejnar, mutumin da bai taɓa roƙon ko gishiri ba, ya tsaya yana roƙo da hawaye a gaban ma'aikata. Matar ta daɗe tana kallonsa, sannan ta sauko da kwalin uwar, ta buɗe, ta juya masa baya. Da hannunsa ya kwantar da 'yar tsakanin ƙasusuwan hannun uwarta.

Da ya dawo ya tarar da Tove a gaban tebur tana cin dankali, yatsunta a naɗe da tsumma. Daɗi ya kama shi, ya zauna a gabanta.

"Kin tuna wani abu, 'yata?"

"Duka na tuna, Baba." Ba ta ɗago ba. "Jaririyar tana da suna, ka sani. Shi uwarta take kira duk lokacin da nake tono."

"Mene ne sunan?"

Tove ta dube shi, ta ci gaba da cin abincinta. Ejnar ya ƙara shekara ashirin da shida a duniya, ya tambaye ta sau da yawa, ba ta taɓa gaya masa ba.