Gashi Ya Yi Kyau, Tuta Ta Wuce

Shekaru na yi ina aiki a jirgin ruwa na dakon kaya. Da na dawo garinmu San Pedro, na tarar abubuwa da yawa sun canja.

An sare mangwaron ƙofar gidanmu. Shagon Don Eladio ya samu talabijin mai faɗin ƙofar ɗaki. 'Yan acaɓa sun fi kaji yawa. Mama ta fara sa tabarau. Karenmu ya tsufa, sai da ya daɗe yana shinshina ta kafin ya kaɗa wutsiya.

Ƙanwata kuwa, wadda na bari tana tsotsar yatsa, yanzu tana aji biyar. Ta yi tsawo, ta yi baki.

Ta kalle ni sama da ƙasa ta ce, "Yaya, ashe kai gajere ne? A hoto ka fi haka."

Abu biyu ne ba su canja ba. Har yanzu ana ɗauke wuta ba sallama. Har yanzu kuma garin nan besbol yake ci, besbol yake sha, wato wasan buga ƙwallo da sanda. Kowane lungu ka leƙa, yara ne ke buga murfin kwalba da sandar tsintsiya.

Ban yi sati ba ƙafata ta fara ƙaiƙayi. Kullum ina bakin teku ina kallon jirage. Mama takan ce, "Kai dai kujera ba ta san ka ba."

Ran nan ƙanwata ta dawo daga makaranta da gudu. Ko jaka ba ta ajiye ba.

"Mama! Kaka! An zaɓi ajinmu! Mu za mu riƙe babbar tuta a fili ranar Asabar, kafin a fara wasa. Ni aka ba kusurwa!"

Kusurwa ba ƙaramin abu ba ce. Tutar ta kai girman tsakar gida. Yara ne ke kewaye ta, kowa ya kama gefe. Amma masu kusurwa su ne ke ja ta miƙe. In ɗaya ya yi sake, tutar ƙasa sai ta taɓa ƙasa. A wurinmu wannan abin kunya ne babba.

Kaka Dionisio, mahaifin Mama, ya ajiye kofin kofinsa. Idonsa ya yi rauni, amma tun yana yaro yake zuwa filin nan.

Ya ce, "Jikata a tsakiyar fili! Ko da rarrafe sai na je. Ƙarfe nawa Malama ta ce?"

"Wai biyar. Amma ai tikiti ya ce bakwai."

Mama ta ce, "Malama Nurys ta ce biyar, biyar ke nan."

Ƙanwata ta murguɗa baki. "Haba Mama. A garin nan wa ke zuwa lokacin da aka ce? Bikin ranar haihuwar Yaniris 'yar ajinmu an ce huɗu, sai shida muka je, kuma mu ne na farko."

Kaka ya yi dariya. "Biki yana jira, yarinya. Fili ba ya jira."

Ranar Asabar ta zo. Da rana muka ci shinkafa da wake da soyayyar ayaba. Kaka ya sa farar rigarsa, ya ɗauki hularsa da ƙaramin rediyonsa.

Ya ce da ƙanwata, "Taso mu tafi tare. Ana buɗe ƙofa nake so in shiga."

"Yanzu? Kaka, ai ko kujerun ba su tashi daga barci ba! Ni shagon Doña Fefa za ni. Za a nuna mu a talabijin. Ba zan fita da kai kamar sheƙar tsuntsu ba."

Doña Fefa maƙwabciyarmu ce, mai gyaran gashi. Mama ta ce, "To, ki yi maza. Yayanki zai kai ki a babur."

Na ari babur ɗin ɗan Don Eladio, na zauna a ƙofar shagon Doña Fefa ina jira.

An wanke gashi. An naɗe shi a robobi manya manya. An sa kanta cikin injin busarwa mai kama da tukunya. Injin ya fara gurnani ke nan, sai ɗif! Aka ɗauke wuta.

Matan shagon suka yi tsaki gaba ɗaya.

Na leƙa na ce, "Ƙanwa, cire robobin nan ki sa hula mu tafi. Biyar ta kusa."

"Da jiƙaƙƙen gashi? Yaya, ka daɗe a teku, ba ka san komai ba."

Doña Fefa ta ce, "'Yata, ki ji maganar yayanki. Wutar nan ba ta da alƙawari."

"Yanzu za su kawo. Ai sai bakwai za a fara."

Muka yi ta jira. Inuwar shagon ta tsallaka titi. Mama ta aiko yaro, ƙanwata ta ce ga ta nan zuwa. Can sai muka ji yaran unguwa sun kaure da ihu, "Wuta ta dawo!"

Gashi ya bushe. Aka warware shi, aka taje. Gaskiya ya yi kyau. Yana sheƙi, yana lilo a kafaɗa.

Ta haye bayana tana cewa, "Ka gani ko? Ga shi ko bakwai ba ta yi ba."

Amma abin da ba ta lissafa ba shi ne hanya. Duk garin ya nufi fili lokaci ɗaya. Motoci sun cushe. 'Yan acaɓa suna ta zagin juna cikin raha. Masu gyaɗa da masu tutoci sun tare gefen titi. Muka ajiye babur nesa, muka kama gudu.

A ƙofar 'yan makaranta muka tarar da mai gadi ya sa sarƙa.

Ta ce, "Baba, don Allah buɗe mini! Ni ce mai kusurwa!"

Ya ce, "Ayya, 'yan mata. Masu tuta sun daɗe da shiga. Malamarku ta tsaya nan tana ta leƙen hanya, har ta gaji."

Kafin ta sake magana, sai taken ƙasa ya tashi daga cikin fili.

A wurinmu, in taken ƙasa ya tashi, ba mai motsi. Mai gyaɗa ya tsaya da farantinsa. 'Yan acaɓa suka kashe injin. Mai gadi ya cire hula. Ni ma na ƙame.

Ƙanwata ta tsaya cak a bayan ƙofa. Ba damar gudu, ba damar roƙo. Hawaye kawai ke sauka. Iska tana kaɗa gashinta mai kyau, ba mai kallonsa sai ni.

Da aka gama, muka bi dogon layi muka shiga. Har an buga zagaye biyu. Mun sami Kaka a kujerarsa ta kullum.

Ya kamo hannunta ya ce, "Na yi ta ƙura ido ban gane ki ba. Na ce da na kusa da ni, wadda ke kusurwar can jikata ce. Sai ya ce mini, Tsoho, jikarka ta girma, har da takalmi mai tsini."

Ashe Malama Nurys ce ta riƙe kusurwar da kanta.

Ƙanwata ta sa kai a cinyarsa ta yi ta kuka. Ƙungiyarmu ta ci wasa a ranar, amma ba ta ga ko bugu ɗaya ba.

Ranar Litinin na raka ta makaranta, don ta ce ƙafarta ta yi nauyi. Yaran ajin suna ganinta suka fara, "Ga sarauniyar gashi! A ba ta hanya!"

Malama Nurys ta tsawata musu. Ta kira ta gefe.

"Me na ce miki?"

"Kin ce biyar, Malama."

"Kin san dalili? Sai mun gwada buɗe tuta. Sai mun gwada tafiya tare. Sai kowa ya san inda zai tsaya. Bakwai ta masu kallo ce. Ke ba kallo kika zo yi ba."

"Ki yi haƙuri, Malama. Laifina ne. Mama ta faɗa, Kaka ya faɗa, Yaya ma ya faɗa."

Malama ta ce, "An sake gayyatar mu wasan ƙarshe. Amma na ba Yaniris kusurwarki. Abin da ya rage shi ne ɗaukar jakar tuta da ruwan sha. Ba a nuna mai jaka a talabijin."

Ƙanwata ta ce, "Zan ɗauka, Malama."

Ranar wasan ƙarshe, tun kafin Kaka ya gama kofinsa, ta tsaya a gabansa. Ta tufke gashi ta cusa a hula.

"Kaka, tashi mana! Za ka sa mu makara."

Doña Fefa ta leƙo ta taga. "Yau ba gyara?"

"Yau kan yana hutu, Doña!"

Mu uku muka tafi a ƙafa. Hanya fayau, ba cunkoso. Muna isa ana cire sarƙa. Mai gadi ya gane ta.

"A'a! Mai kusurwa! Yau kin riga zakara."

A kujerun 'yan kallo ba kowa sai tsuntsaye. Kaka ya zaunar da ita ya ce, "To, zama idona. Faɗa mini abin da kike gani."

"Ga wani yana yayyafa wa ƙasa ruwa. Ga wani yana zana farin layi, a miƙe kamar da zare. Kai! Kaka, ga 'yan wasa sun fito! Suna miƙe ƙafa. Wancan ƙaton ma yana hamma!"

"Tun yaushe suka zo, a ganinki?"

Ta yi tunani. "Sun riga mu."

"Su da aka zo kallo ke nan."

Sai aka fara gwajin bugu. Mai jifa yana jefowa a hankali, mai sanda yana narka wa ƙwallo duka. Ƙas! Ƙas! A fili marar mutane, ƙarar tana daɗi kamar ana fasa kwakwa. Kaka ya lumshe ido yana murmushi. "Wannan ta tafi," in ji shi, tun kafin mu ga inda ta nufa.

Wata ƙwallo ta tashi sama, ta faɗo cikin kujerun da ba kowa. Ta yi tsalle, ta gangaro. Ƙanwata ta bi ta da gudu. Ba mai yi mata takara. Ta ɗago ta sama tana ihu, "Kaka! Na samu! Ta gaske ce!"

Da Malama Nurys ta iso, ta tarar da ita a ƙofa tana jira. Malama ta miƙa mata jaka.

Ƙanwata ta ɗauki jaka, ta raba ruwa. Aka shiga gwajin tuta, tana gefe tana kallo.

Amma a ranar iskar teku ta taso da ƙarfi. Duk lokacin da aka buɗe tuta, sai ta kumbura kamar za ta tashi da yaran. Yaniris ƙarama ce. Kusurwa ta fizge daga hannunta, saura kaɗan ta taɓa ƙasa.

Yaniris ta ce, "Malama, ba zan iya ni kaɗai ba!"

Malama ta waiga. Ta ga ƙanwata a tsaye, jaka a kafaɗa.

"Ke! Kin ga yadda ake yi?"

"Na gani tun daga farko, Malama."

"Ajiye jakar. Ki kama tare da ita."

Da taken ƙasa ya tashi, fili ya cika maƙil. Tuta ta miƙe tsaf, ja da shuɗi da fari. Na raɗa wa Kaka a kunne, "Kusurwar dama, mai hula."

Ya ce, "Ka tabbata ba mai takalmi mai tsini ba ce?"

"Na tabbata."

Ya share ido da bayan hannu.

A shagon Don Eladio an gan ta a talabijin. Wai hular ta rufe rabin fuskarta. Ko a jikinta.

Da muka koma gida Mama ta tambaye ta, "To, me kika koya?"

Ta ce, "Lokacin da ke kan tikiti na fara wasa ne, ba na fita daga gida ba. In an ba ka aiki, ka riga lokaci isa. Wanda ya zo da wuri ba ya rasa rabonsa."

Bayan kwanaki kaɗan kamfanin jirgi ya kira ni. Motar da za ta kai ni tashar jiragen ruwa sai azahar za ta tashi. Amma da sassafe na ji ana jan bargona.

"Yaya, tashi! Haɗa kaya!"

"Ke, sai azahar fa."

"Azahar ta mota ce. Taka ita ce yanzu. Akwai hanya, akwai layi."

Mama tana kicin tana dariya. Na tashi na fara ninke riguna. Da na buɗe jakata, sai na ga ƙwallon nan a ciki, an naɗe ta da safa.

Na ce, "Ƙanwa, ai taki ce."

Ta ce, "Aro na ba ka. Ka dawo mini da ita kafin a buɗe wasannin baɗi." Ta ɗaga yatsa kamar Malama Nurys. "Kuma Yaya, kada ka makara."