Mai Juya Mata Shafi

Ku yafe mini wannan ƙarfin hali, ban taɓa rubuta labari ba.

"Idan na ɗaga gira, ka juya shafin," Sioning ta raɗa wa Anselmo, tana zaune gaban fiyano.

"Rabin raina, ni fa kafintan kwalekwale ne... ɗige-ɗigen nan kamar kashin ƙuda nake ganinsu!"

A manyan gidajen birnin Iloilo, saurayin da ke juya wa budurwa takardar waƙa ran Lahadi da la'asar, shi dangi suka karɓa a matsayin wanda zai aure ta. Gwaggo Pilar ta san Anselmo bai iya karatun kiɗa ba. Da gangan ta tura shi, don ya kunyata a ba Honorio ɗan likita wurin.

Waƙar tun ta 'yanmatancin kakar Sioning ce, Lola Pacing. Har mai girkin gidan ta haddace ta.

Sioning ta fara kaɗawa.

Ta ɗaga gira.

Ya juya... shafi biyu a manne!

Ba ta tsaya ba. Ta lumshe ido ta ci gaba da kiɗan da ka.

"Ya tsallake shafi!" Honorio ya miƙe yana ƙyalƙyala dariya. "Kai kafinta, koma wajen katakonka!"

Kiɗan ya mutu. Anselmo ya sunkuyar da kai, ya ɗauki hularsa ya sauka matakala.

"Kin gani ko, Mama?" in ji Gwaggo Pilar, tana duban Lola. "Wannan ne zai shigo zuri'armu?"

Lola ta naɗe maficinta a hankali.

"Shekara sittin ana rera waƙar nan a falon nan. An rera ta ranar aurena, an rera ta sojoji na bakin titi. Ba a taɓa yanke ta ba sai yau." Ta dubi Honorio. "Kuma ba kafinta ya yanke ta ba."

"Amma Lola, takardar..."

"To auri takardar! Pilar, hau fiyano. Daga farko!"

Falo ya ɗauki waƙa. Ta taga Sioning ta hango Anselmo tsaye gindin mangwaro, bai iya tafiya ba.

Lola ta zungure ta da mafici, ta nuna mata matakala da leɓe.

"Ki ce masa Lahadi mai zuwa ya lashi yatsa kafin ya juya."

Sioning ta cire takalmanta ta riƙe a hannu. Kafin a kai baiti na biyu, ta sulale wajensa.