Hoton Faɗuwar Baba

Auta na zaune a falon Mama tana ninke kayan mahaifinta, ba a daɗe da binne shi ba, sai yayanta ya faɗo ya jefa mata waya a cinya.

"Kalli aikin mijinki!"

Mijin nata ɗaukar hoton fim ne sana'arsa, Mai Kyamara kowa ke ce masa. Ranar da Baba ya rasu, shi ke ɗaukar sa a shagon Baban na gyaran agogo, don wani shiri kan tsofaffin masu sana'a. Daraktan shirin ne ya turo wa Yaya guntun hoton, wai yana neman izinin buɗe fim da shi. Rashin ta ido dai!

Ga Baba ya dafe ƙirji, ya sulale daga kujera. Hoton ya dushe, sai kuma ya washe tar a kan fuskarsa. Bayan nan ne aka ji kyamara ta faɗi.

"Kin gani? Mutum na mutuwa, shi yana gyara fokas don hoto ya fito!"

Mama ta ce, "Wallahi ba za ki koma gidansa ba!"

Auta ta fashe da kuka. Tana son mijinta kamar ranta, amma ita ma idonta ya gani.

Kullum sai Mai Kyamara ya zo ya tsaya bakin ƙofa, Yaya ya kore shi. Bai taɓa ɗaga murya ba. Ya je ofis ya goge faɗuwar Baba daga kwamfuta, Darakta ya sallame shi, masu fim kuma suka daina kiran sa. Ya rame, har wuyan rigarsa ya yi masa yawa.

Ranar da Mama ta gaji ta bari ya shigo, ya durƙusa.

"Mama, ba zan yi miki ƙarya ba. Na gyara hoton. An koya mana kada hannu ya tsaya komai ya faru, sai hannuna ya riga zuciyata. Ban yafe wa kaina ba."

Ya ajiye kwamfutarsa. "Ga abin da ya rage."

Auta ce ta kunna. Sai ga Baba da ransa, haske ya kwanta masa a kumatu, yana tsokanar wani agogo da ya ƙi tafiya, yana dariya har da tari. Mama ta kai hannu ta shafi gilashin.

"Mayar baya," ta ce. Aka mayar. "Ƙara."

Da ta share hawaye ta dubi Auta. "Tashi ki bi mijinki. Amma kai, kada ka ɗauka na manta."

Haka suka fita, ba aiki, ba dariya, hannunta cikin nasa. Haƙuri da faɗin gaskiya sun dawo masa da matarsa. Sai dai duk sana'ar da ta koya wa hannu ya riga tausayi, mai ita zai biya da abin da ya fi so.